Zauren Kawu: Wa Ke Jiran Ruwan Kandamau?

Tun da muka taɓo maganar labaran ƙagaggiyar duniya a fitowar da ta wuce, wasiƙu suke ta shigowa. Na zaɓi huɗu da suka haɗu a kan abu guda. Ta farkon ce ta fi cin wuri, don ita ta haɗo da shafukan littafinta.

TAMBAYA: Kawu, barka da aiki. Ina rubuta littafi a kan wata ƙasa da na ƙaga, na sa mata suna Yalmu. Mutanenta manoman gero ne, ba su san ko ɗaya daga cikin addinan duniyarmu ba. Suna bauta wa wani abu da suke kira Kandamau, wanda suka ɗauka shi ke ba su ruwan sama. Na yi masa fada a cikin gajimare, na ba shi mata bakwai da farin doki da mashin walƙiya, na kuma rubuta shafi 12 a kan asalinsa. Yayata da ta karanta ta ce daidai nan barci ya ɗauke ta. Me ya rage ban sa ba?
Wata ɗaliba, daga Funtuwa

AMSA: 'Yata, ki gode wa yayarki, ta faɗa miki abin da ƙawaye ba za su faɗa ba. Na karanta shafukan. Hausarki tana da daɗi, dokin ma ya yi kyau, amma tun daga farko har ƙarshe ban gamu da mutum ɗaya mai jin ƙishirwa ba. Kin hau sama kin zauna a fadar Kandamau, kin bar mutanen Yalmu a ƙasa ba mai kallonsu. Mai karatu kuwa ba ruwansa da yawan matan gunki. Abin da zai hana shi barci shi ne ya ga wani magidanci tsaye a bakin gona da ƙwaryar iri a hannu, ya rasa ko ya shuka ko ya mayar gida a daka a ci.

Ke 'yar Funtuwa ce, can ruwa yana zuwa da wuri kuma yana daɗewa, shi ya sa wataƙila ba ki san jira irin namu na arewa da Katsina ba. A ƙauyenmu, in bazara ta yi nisa, rijiya takan yi ƙasa har guga ya riƙa fitowa da laka. Rumbu ya kusa kai gindi. Sai wata safiya a ga shamuwa ta sauka a kan kukar bayan gari, yara su sheƙo da labari, tsofaffi su fara duban gabas ba tare da sun ce uffan ba. Daga gabas hadarinmu yake tasowa. Da la'asar sai ki ga can ya yi baƙi ƙirin, iska ta taso da jan ƙura, mata suna ta kwashe shanya, ana tura baho da randa ƙarƙashin indararo, ana kora awaki ɗaki. Kowa ya gama shiri. Sai iskar ta watsa hadarin kaf, ko ɗigo bai sauka ba, a fito a kwashe bahunan a bushe, ba mai kallon idon wani. Ranar da ya sauka kuwa, da asuba mai gida zai fita da fartanya ya tona ƙasa ya zura hannu, ya ji iya inda lema ta kai. In ta yi zurfi, ruwan shuka ne: shi a gaba da sungumi yana sara, mu yara a baya muna jefa iri muna rufewa da diddige. Bayan nan kuma ga babban tashin hankalin, wato gero ya tsiro ya yi kore shar, sai sama ta ɗauke mako biyu ko uku, yabanya ta naɗe ganye tana neman ƙonewa.

Mutanen da ke rayuwa a kan wannan siraɗin kowace shekara, su ne za su ƙaga Kandamau, kuma za su ƙaga shi daidai da tsoronsu. Saboda haka ki fara da kalandarsu. Yaushe ake jiran ruwan farko? Wace alama ake dubawa? Kwana nawa na fari ake iya jurewa kafin a ce ya yi fushi? Bukukuwansa da haninsa duk daga nan za su fito. Mutanen da ke tsoron farin tsakiyar damina, babbar bautarsu ba za ta zo a farkon shekara ba, za ta zo ne a lokacin da yabanya ke naɗe ganye, kuma za ta zo da kuka da zargin juna.

Ga wani abu da na ƙaga miki ina cikin karanta shafukanki, ki ɗauka ko ki bari. A ce a Yalmu akwai wata tsohuwa da ake kira Mai Tulu, sarautar gado ce ta mata. Ranar ruwan ƙarshe na damina, kowane gida zai tari ludayi ɗaya ya kawo a zuba a wani babban tulu, a liƙe bakinsa da yumɓu, a ajiye a ɗakin da ba mai shiga sai ita. Sun yi imani cewa wannan ruwan shi ne irin ruwan baɗi, kamar yadda ake ajiye irin gero. In shamuwa ta zo, sai ta fasa liƙin ta yayyafa a kusurwoyin gari don Kandamau ya ji ƙanshin abinsa ya biyo. To a ce wata shekara ta buɗe ta tarar tulun ya tsage ta gindi, ba ko ɗigo. Ita kaɗai ta sani. Ta saci jiki da dare ta ɗebo na rijiya ta cika, jikanyarta kuma ta gan ta. In ruwa ya zo a shekarar, yarinyar ta gano wani abu game da Kandamau da ba ta isa ta faɗa ba. In bai zo ba, tana riƙe da maganar da za ta sa a kashe kakarta. Kin ga ko ta ina aka bi akwai littafi, kuma ba a ga ko kofaton farin dokin ba.

Wannan ba daga iska na ɗauko shi ba. A ƙasar Zabarmawa ta Nijar akwai bikin da ake kira Yenendi, ana yin sa a ƙarshen rani don neman shiri da Dongo, iskan tsawa a wurinsu. Akwai wata babbar tukunyar ƙasa mai suna hampi da ake cikawa da ruwa, a ƙarshe a tuntsurar da ita, a duba yadda ruwan ya bi ƙasa a ce ga yadda daminar za ta kasance. A Tarihin Kano kuma, tsafin Tsumburbura yana jikin wata itaciya ce da aka kewaye da katanga, ba mai shiga sai Barbushe. Mutane su taru a gindin Dala da baƙin kare da baƙar kaza da baƙin bunsuru, shi ya shiga shi kaɗai, ya fito ya gaya musu abin da zai faru a shekarar. Tsumburbura ba na ruwan sama ba ne, amma dubi tsarin: katanga, da mutum ɗaya tak da ya san abin da ke bayanta. Duk ikon Barbushe a wannan katangar yake.

Sai ki tambayi kanki abin da yawancin masu irin wannan rubutu suke tsallakewa: in an yi bautar, an yanka abin yankawa, ruwa bai zo ba fa? Ba a taɓa yin gunkin da masu shi suka ce ya gaza a karon farko ba. Za a ce bunsurun yana da farin gashi a ƙarƙashin wuya da ba a lura ba, a sake yanka wani. In ya ƙi, a ce wani ya karya hani, a fara lissafin wa ya yi me da dare. Daga nan ido zai koma kan baƙo, ko gwauruwar da ba ta da mai tsaya mata, ko maƙerin da ke zaune a bakin gari. Sai abu ya ƙi ci ya ƙi cinyewa sannan za a waiwayi Mai Tulu kanta, kuma a daidai nan sarkin Yalmu zai yi lissafinsa: ya tsaya mata ne, ko ya miƙa ta don kada a waiwayo shi? Mu nan mun san abin da yunwa ke yi wa zumunci. Kakanninmu sun ba da labarin yunwar Kakalaba ta 1914, mu kuma mun ga farin 1973 da na 1984 da idonmu. Ki sami wani tsoho ko tsohuwa a danginku ki zauna ki saurara, ki tambaye su me aka fara sayarwa, wa ya fara barin gari. Zai fi miki amfani da duk abin da za ki tono a intanet game da gumakan Girka.

Kada kuma ki mai da mutanen Yalmu baki ɗaya. A kowane gari akwai wanda ruwa ke ɓata wa lissafi. Magini da ya shanya tubali, fatake da rafi zai tsare su, mai gida a bakin fadama da marka ke rusa masa katanga duk watan Agusta, da kuma mai kuɗin da ya cika rumbuna yana jiran hatsi ya yi tsada. Shi wannan na ƙarshen, shi zai fi kowa kawo babban bunsuru ranar biki, a gaban jama'a. Ga makiyaya da ke bin ruwa duk inda ya sauka: su a wurinsu Kandamau matafiyi ne da ake bi a baya, manoma kuwa suna ganin baƙo ne da ake shirya wa masauki. Wannan saɓanin kaɗai ya isa ya raba su ɗariƙa biyu. Har itatuwa za ki iya sawa a rigimar. Gawo yana zubar da ganye da damina, ya yi kore da rani sa'ad da sauran suka bushe. Mutanen da ke bauta wa mai ruwan sama me za su ce da itacen da ya juya wa ruwan baya? Ko su tsine masa, ko 'yan tawayensu su riƙa haɗuwa a inuwarsa.

Game da shafi 12 ɗin, kada ki yaga. Ki ajiye, ki riƙa tsakuro wa a bakin mutane. Kaka ta ba jikoki labarin matan nan bakwai a tsakar gida, wani makiyayi ya ce ƙarya ne, uku ne, kuma ba farin doki ba ne, baƙin sa ne. Ra'ayina, kuma na san akwai marubutan da ba za su yarda da ni ba, shi ne kada Kandamau ya taɓa buɗe baki a littafin. Ranar da ya sauko ya yi magana, jira ya ƙare, jiran nan kuwa shi ne jarinki. Ke dai ki san a ranki ko akwai shi a duniyar Yalmu ko babu, don kada hannunki ya riƙa rawa daga babi zuwa babi.

TAMBAYA: Kawu, ni ma ina da irin wannan labari a raina, amma abokina ya ce rubuta labarin gunki mai ba da ruwa shirka ce. Gaskiya ne?
Wani matashi, daga Zinder

AMSA: Ɗana, fatawa ta malamai ce, ka kai wa malaminka shafukan kansu ya karanta, kada ka kai masa taƙaitawar abokinka. Abin da zan iya ɗora maka a kai shi ne abin da kowane ɗalibi ya sani. Alƙur'ani ya ambaci gumaka da sunayensu: Lata da Uzza da Manata a Suratun Najmi, Wadda da Suwa'a da Yagusa da Ya'uƙa da Nasra a Suratu Nuhu. A Suratus Saffat, aya ta 125, Annabi Ilyasu yana tuhumar mutanensa a kan kiran Ba'al, wanda a ƙasar Sham ta dā shi suka ɗauka mai hadari da ruwan sama. Littattafan tarihinmu ma sun ba da labarin Barbushe, ana kuma karantar da shi a makarantu. Ba da labarin abin da wasu mutane suka yi imani da shi daban, yin imanin daban.

Amma tsoron abokinka yana da tushe, kada ka yi masa dariya. Maganar wa ke saukar da ruwa ba ƙaramar magana ba ce a addini. Akwai hadisin Zaidu bn Khalid a Bukhari da Muslim, inda aka yi ruwa da dare a Hudaibiyya, bayan sallar asuba Annabi (SAW) ya bambanta wanda ya ce an yi mana ruwa da falalar Allah da rahamarsa, da wanda ya ce tauraro kaza ne ya kawo shi. Masu karatunka da wannan suka tashi, su ne kuma ke fita filin idi roƙon ruwa in sama ta ɗauke. Saboda haka ga abin da nake gaya wa duk wanda ya kawo mini irin wannan aiki. Kada ka ara wa gunkinka kayan Musulunci ko na Kiristanci: ba liman, ba alwala, ba sahu, ba wani abu mai kama da aya. Ka ƙaga masa nasa. Muryar mai ba da labari kuma ta tsaya a kan "suka ce", "a wurinsu", ta bar mutanen cikin labarin su yi imaninsu. Dogon kirarin roƙo mai daɗin rerawa, wanda yara za su haddace su riƙa yi a tsakar gida in hadari ya taso, ni dai ba na sa shi. Layi biyu sun isa a gane ana yi. In kuma a Kano za ka buga, ka tuna akwai hukumar tace fina-finai da ɗab'i, gara ka san ƙa'idojinta tun kafin ka biya maɗaba'a.

TAMBAYA: Kawu, me zai sa in wahalar da kaina da ƙagawa? Ga Sarkin Rafi a bori, ga Gajimare, ga Dongo. Ba sai in ɗauki ɗaya in yi amfani da shi ba?
Wata marubuciya, daga Kaduna

AMSA: Kina iyawa, 'yata, amma ki san kin canza nau'in littafi. Waɗannan suna da masu su, wasu suna raye, suna da kiɗansu da kirarinsu da ƙa'idojinsu. In kika sa Sarkin Rafi ya yi abin da 'yan bori suka san ba halinsa ba ne, kin yi musu ƙarya. In kika bi komai daidai, bincike kike yi, kuma sai kin je kin zauna da mutane. Wanda kika ƙaga kuwa naki ne, ki yi yadda kika ga dama da shi.

Abin da ya fi shi ne ki karanci na gaske don ki ga yadda tunanin ɗan Adam ke maimaita kansa, sannan ki gina naki. Misali, sau da yawa akan sami wani abu da ke tsare ruwa. A Daura macijin rijiyar Kusugu ne, ba a ɗiba sai ranar Juma'a. A tsofaffin waƙoƙin Indiya, Indra, gunkin hadari a wurinsu, ne ya kashe macijin Biritra da ya tare ruwaye. Mu kuma tun muna yara ake ce mana bakan gizo shanye hadari yake yi. To a taki duniyar wa ke tsare ruwan, kuma me yake so? Ko ki dubi Balobedu na lardin Limpopo a Afirka ta Kudu, inda sarautar Mojaji, sarauniyar ruwan sama, ke bin mata. Can ikon ruwa da gadon mulki a hannu ɗaya suke. Ki kwatanta da Kano ta dā, inda sarakuna da masu tsafi suka daɗe suna ja-in-ja har aka rusa katangar. Wanne kika zaɓa wa ƙasarki? Amsar za ta gaya miki wa zai yi wa wa juyin mulki a babi na goma.

TAMBAYA: Kawu, ni mai zane ne, labarin zane-zane nake yi a waya. Yaya zan zana irin wannan gunki ba tare da ya fito kamar na fina-finan Turawa ba?
Wani mai zane, daga Kumasi

AMSA: Ka daina zana ƙato mai ƙirji da gemu yana riƙe da walƙiya, an gaji da shi. Ka zana abin da masu bautar suka sassaƙa da hannunsu, da kayan da ke garinsu. Mutanen Aztek na Meziko sun yi wa Tilalok, gunkinsu na ruwan sama, zagayayyun idanu da haƙora zaƙo-zaƙo, suna kuma sa fuskarsa a jikin tukwanen ruwa. Ɗakinsa yana saman babban haikalin birninsu kafin Sifaniyawa su ci garin a 1521. Cak, gunkin ruwan sama na mutanen Maya, dogon hanci gare shi da gatari, kuma a ƙauyukan Yukatan na Meziko, wajen roƙonsa, akan zaunar da yara maza a kusurwoyi huɗu na wurin yanka suna kukan kwaɗi. Wannan hoton yaran ya fi kowane ƙato kama ido. Mu ma muna da namu: ɗan gogaggen dutsen nan da manoma ke tsinta a gona suna cewa gatarin aradu ne, wanda masu binciken tarihi suka ce gatarin mutanen zamanin dutse ne. Manoman gero da ba su da ƙarfe mai yawa, gunkinsu zai iya zama irin wannan dutsen a cikin ƙwarya, an naɗe shi da baƙin saƙi, gefensa ya yi santsi saboda shafar hannu. Ka zana hannayen da layin masu jira, da wadda ta zo da tulu a ka tana leƙe ta bayan katanga. Ka turo mini shafi biyu na farko in ka gama, da baƙi da fari ma ya isa.